Jan San da Ke Cikin Majigi

Aikina baki ne. Shekara shida na yi ina bin motar majigi ta gwamnati ƙauye-ƙauye, kuma duk abin da mutane suka ji daga wancan farin ƙyallen, daga maƙogwarona ya fito. Finafinan da ake turo mana daga Salisbury, babban birni, ba su da murya. Hoto ne zalla, sai takarda da aka buga da Turanci, ni kuma in tsaya a gefe da makirfo in juye ta da Shona yadda ko tsohuwa mai kunne ɗaya za ta gane. Na kuwa iya, ba yabon kai ba. Ina yin muryar mace, ina yin muryar akuya, ina sa dattijo dariya har ya yar da sandarsa. Da na ce, "Jama'a, ni Runesu mutum ne, ina iya shara muku ƙarya, amma hoto fa?" sai wuri ya ɗauka baki ɗaya, "Hoto ba ya ƙarya." Ni na koya musu wannan amshin. Ba wanda ya rubuta min shi, daga kaina ya fito, har ƙarin girma aka yi min saboda shi.

Mu uku ne a motar. Akwai Sekuru Gwinyai, dattijo mai tuƙi kuma mai kula da injin majigi, wanda bai taɓa yabon aikina ba ko da wasa. Akwai ni. Sai Bature mai kula da mu, Mista Colbeck, wanda muke kira Jan Wuya idan ya ba da baya. Shona ɗinsa bai wuce na neman ruwan zafi ba.

Da can finafinan wankan shanu muke nunawa, da na noman auduga, da na wanke hannu kafin cin sadza, tuwonmu na masara, sai ka ce iyayenmu da ƙafa suke ci kafin zuwanmu. Da yaƙi ya yi zafi sai aka koma turo mana labaran mako. A shekarar 1977 an riga an kwashe mutanen yankinmu daga gidajensu an tara su cikin waya mai ƙaya. Gwamnati na ce wa wuraren ƙauyukan kariya, mu muna ce musu keji. Da safe a buɗe ƙofa a fita gona, kafin rana ta faɗi a ƙirga kowa a rufe, don kada a kai wa samari abinci. Samari muke ce wa mayaƙan daji, takardata kuma tana ce musu 'yan ta'adda. Saboda dokar hana fita, da la'asar muke nuna fim, a cikin coci ko aji, a toshe tagogi da barguna. Zafi da warin jiki kuwa ba a magana.

Ranar Talata muka isa kejin Chidembo. Da safen nan motar soja ta kawo mana sabon faifai da takardarsa, ba mu samu sararin duba shi ba. Ban damu ba, na saba. Sekuru Gwinyai ya tada janareto, injin ya fara ƙara, ni kuma na duƙa kan takarda da 'yar tocilata ina karantawa ina juyawa, kaina a ƙasa.

Ga abin da takardar ta ce: wani manomi mai hankali ya gaji da ta'asar 'yan ta'adda, ya nuna wa sojoji maɓoyarsu a kan dutse, sojoji suka gama da su, gwamnati ta ba shi tukuici. Shi ke nan, layi huɗu. Amma ni da ba na iya barin miya ba gishiri, sai da na ƙara nawa. Na ce, "Ku dubi namijin duniya. Shi bai yi ta ƙus-ƙus a bayan rumbu ba, hannu ya ɗaga ya nuna. Ku dube shi da kyau ku riƙe fuskarsa, irinsa ake nema a kowane keji."

Shirun da ɗakin ya yi ne ya sa na ɗaga kai. Yayana ne a kan ƙyallen. Mukoma Munetsi, uwa ɗaya uba ɗaya, da malafarsa mai yagaggen baki, ya miƙa hannu yana nuna dutsen Nyarumwe. Kafin in haɗiye yawu hoton ya sauya, ga jirage masu saukar ungulu, ga hayaƙi, ga gawawwaki an jera a ƙasa. Sai aka dawo kansa, ya tsuguna yana tafa hannu, hannun wani Bature na miƙa masa ambulan.

Ban san yadda na ƙarasa ba. Bakina dai ya ci gaba da aiki shi kaɗai har faifan ya ƙare.

Na san hoton, don ni na jawo shi. Shekara biyu kafin nan masu ɗaukar fim suka ce suna neman gwanin manomi, na ce ai ga yayana a Gombwe. Son a sani ne ya kai ni, ina so a ga gidanmu a majigi. Suka zo da damina, suka ce ya nuna musu inda kunyoyin tare ruwansa suka tsaya, ya nuna wajen gindin dutse. Suka ba shi takardar shaidar gwanin manomi a cikin ambulan, ya tsuguna ya tafa. To wa ke karɓar abu a wurinmu bai tafa ba? Ko ruwa jikanyarka ta miƙo maka sai ka tafa hannu kafin ka karɓa. Fim ɗin noman bai taɓa fitowa ba, har mun manta da shi. Ashe yana ajiye a wani akwati a birni yana jiran ranarsa.

Babban haɗarin shi ne, wata uku kafin nan an kashe samari bakwai a bayan dutsen nan, kuma har lokacin ana neman wanda ya tona su. Kowa ya san abin da samari ke yi wa mai sayar da su. Daga Chidembo zuwa Gombwe tafiyar wuni ɗaya ce a ƙafa, mu kuma sai Juma'a za mu kai can.

Ana naɗe barguna na tari Mista Colbeck a bayan mota yana cika lofensa. A gabansa Baas muke ce masa, wato maigida.

"Baas, mutumin da ke cikin fim ɗin nan yayana ne."

"Da gaske? To ai ya fito da kyau."

"Bai nuna wa kowa kowa ba, Baas. Kunyoyi yake nunawa. Hoton noma ne na bara waccan, ina tsaye aka ɗauka."

Ya busa hayaƙi. Ba zan ce mugu ba ne, shi dai abin bai kai masa inda ya kai min ba. Ya ce, "Ba a faɗi sunansa ba ai. Fuska ce kawai, Runesu. Masu haɗa fim suna da fuskoki akwati-akwati, wadda ta dace suke ɗauka."

"A nan fuska ita ce suna, Baas. Kashe shi za su yi. Don Allah a janye faifan."

"Kwafi tara ne, motoci tara. Ko ni ban isa in janye ba." Ya dafa kafaɗata. "Ga shawara. In mun je Gombwe mu ɗauko shi a motarmu mu kai shi sansanin 'yan sanda, a can ba mai taɓa shi."

Na dube shi. Wato mu ɗauki mutumin da ake zargi da cin amana, mu saka shi a motar gwamnati a gaban kowa, mu bar matarsa da 'ya'yansa huɗu a cikin keji. Na ce na gode, har da tafa hannu, tsabar sabo. Na ji kamar in sare hannuwan.

Ranar Laraba ba mu da nuni. Jan Wuya ya tafi shan giya wurin wani mai gonar taba, mu kuma muka tsaya a bakin rafi Sekuru Gwinyai na wanke mota. Na ɗauko almakashin gyaran fim na ce masa zan yanke wurin.

"Yanke mana," in ji shi, bai ko juyo ba. "In ka gama ka bi sauran takwas ɗin ka yanke. Sannan ka bi mutanen Chidembo ɗaya-ɗaya ka yanke musu kunne. Kai da kanka ka ce su riƙe fuskarsa, ai sun riƙe."

"Sekuru, ba wasa nake ba."

"Wa ya ce wasa kake? Shekara shida ina ce maka ka karanta abin da ke takarda ka rufe baki. Ka ƙi, sai ka yi muryar akuya. Maganarka ta riga ta kama hanyar Gombwe tun jiya, ita kuma ba ta tsayawa a shingen soja."

Na zauna a kan dutse na fashe da kuka, ba kunya. Mukoma Munetsi ne ya sayar da ƙwarya ashirin ta gyaɗa ya kai ni makarantar mishan, shi ya tsaya a aji biyu. Turancin da nake juyawa nasa ne. Sekuru Gwinyai ya bar ni na yi mai isata, sannan ya goge hannu a wando, ya buɗe gwangwanin faifan ya ce in matso. Ya warware fim ɗin a hankali yana ɗaga shi wajen rana, muna duba hotunan ɗaya bayan ɗaya, kowane bai fi farcen babban yatsa ba. Shi dai yana so ya ga ko akwai wani abu da zai nuna tsufan hoton, ko shuka, ko gida.

Ni na gani. A bayan kafaɗar Mukoma, daidai lokacin da ya ɗaga hannu, wani jan sa ya leƙo da kai cikin hoton, mai farin goshi, ƙahonsa na hagu a karye. Manzuma ne, san huɗar gidanmu. Manzuma kuwa mun yanka shi a watan Agustan bara, ranar da muka yi bikin dawo da ruhun Baba gida. Duk Gombwe ta ci namansa, har ana tsiyar taurinsa mako guda. San da aka cinye bara ba zai tsaya a bayan mutum wata uku da suka wuce ba.

"A ko'ina wannan sa ne kawai," in ji Sekuru Gwinyai. "A Gombwe kuwa shaida ne." Ya ƙirga hotunan da san ya fito sosai da yatsa. Ba su kai ashirin ba, ƙiftawar ido ke nan idan injin na gudu.

"To ka tsayar da injin a kansa."

"Kai dai bakinka ka sani, ba ka san inji ba. In fim ya tsaya a gaban fitilar nan narkewa yake yi. Kafin ka ƙirga biyar ya ƙone."

"Biyar ɗin nake so, Sekuru."

Saura shekara biyu ya yi ritaya, yana da 'ya a makarantar koyon jinya. Ya ce, "Zan ce injin ne ya cije. Abin da za ka faɗa kuma kai ka sani, ni kurma ne."

Ranar Alhamis muka nuna a wani kejin can gabas. Na karanta layukan nan huɗu da ƙaramar murya, kamar mai ciwon haƙori, har Jan Wuya ya tambaye ni ko zazzaɓi nake. Amma na karanta. In na ƙi, a ranar za a sauke ni, ba zan kai Gombwe ba. Haka na sake sayar da yayana a gaban mutum ɗari uku don in samu damar fansarsa washegari.

Da azahar ɗin Juma'a muka shiga Gombwe. Matar yayana, Maiguru Marwei, tana tsaye kusa da ƙofar keji da tulu a ƙasa. Tsakanina da ita wasa ne tun ranar da aka kawo ta. Ba ta taɓa ganina ba ta ce ga mijin banza ya dawo ba tsaraba, ni kuma in ce ta tsufa zan sake ta. A ranar ko gaisuwa ba ta amsa ba. Ta ɗauki tulun, na bi ta bayan ɗakin ajiyar masara.

"Ina Mukoma?"

"Sun tafi da shi tun jiya da safe, daga gona."

"Sun kashe shi?"

"Yana raye," in ji ta. "Sun aiko a ce min suna tsare da shi a dutse. Sun ce su ba sa kisa a kan jita-jita. Tunda majigin zai zo Gombwe, mutane su gani da idonsu, gobe dattawa su je su faɗi abin da suka gani." Sai ta dube ni ido cikin ido, ta kira ni yadda mace ke kiran ƙanin mijinta. "Babamudiki, an ce kai ka faɗa. An ce ka ce a riƙe fuskarsa."

"Na faɗa, Maiguru. Ban ɗaga kai na ga ko wane ne ba."

"Da wani ne fa? Shi ba shi da mata?"

Na gaya mata zancen Manzuma, na ce ta bi dattawa ɗaya-ɗaya ta ce kada su kalli hannun Mukoma, su kalli bayan kafaɗarsa ta dama. Ta ce, "Sa? Ran mijina ya rataya a kan sa?" Na ce abin da muke da shi ke nan. Ta ɗora tulu a ka ta tafi, ina ganinta tana shiga bukka tana fita.

A coci aka yi nunin. Ba a taɓa cika irin ta ranar ba, ba wanda aka kora da bulala ya zo, kowa da ƙafarsa ya zo. Masu gadin keji huɗu suka tsaya a ƙofa da bindigogi, Mista Colbeck ya zauna a kujerar limamin cocin. Ba wanda ya yi min tsiya, ba wanda ya ce in yi muryar akuya, alhali waɗannan mutanen ne suka goya ni. Aka toshe tagogi. Na ɗauki makirfo.

Aka wuce labarin sabuwar gada, aka wuce na 'yan makaranta masu ɗaga tuta. Sai ga malafar. Wata mata ta ja numfashi da ƙarfi a baya. Mukoma ya fara ɗaga hannu, injin ya yi wata ƙara ya tsaya cak.

Na ajiye takarda. Na ce, "Mutanen Gombwe, ku bar hannun, ku dubi bayansa. Wane sa ne wannan? Ku dubi ƙahon. Wanda bai ci naman san nan bara ba ya tashi tsaye. Hoton nan tsoho ne, kunyoyi yake nunawa, ni na kawo masu ɗauka, ni na—"

Wani ɗigo mai ruwan ƙasa ya fito a tsakiyar ƙyallen, daidai ƙirjin Mukoma. Ya buɗe, ya ci fuskarsa, ya ci dutsen, ya ci san, sai farin haske ya rage da warin ƙonannen roba. Ƙirgar ko huɗu ba ta kai ba.

Ba wanda ya yi motsi. Can sai wata tsohuwa mai suna Mbuya Chiedza, wadda ke zaune a gaba saboda idonta, ta ce a hankali, kamar mai gaida wanda ya dawo daga tafiya, "Manzuma." Wani ya maimaita. Sunan ya bi layi-layi har ƙofa, ƙasa-ƙasa. Na nemi Maiguru da ido, na gan ta ta rufe baki da gefen zane. A lokacin na ce a raina ya tsira. Na yarda da hakan har cikin ƙashina.

Ɗaya daga masu gadin, ɗan yankin kudu ne amma Shona yake ji sarai, ya je ya raɗa wa Mista Colbeck abin da na ce. Ba a bar ni na yi sallama da kowa ba. Mako bakwai na yi a sansani, abin da aka yi min a can ba shi ne labarin ba, haƙora biyu ne da kunne ɗaya na rasa. Sekuru Gwinyai ya tsaya a kan cewa injin ne ya cije, aka ƙyale shi. Duk tsawon makonnin nan abin da ya riƙe ni shi ne sunan san nan yana yawo a cikin coci.

Da aka sake ni, aka kore ni daga aiki, kai tsaye na nufi Gombwe. Na tarar da Maiguru tana surfe a ƙofar bukka, kanta a aske, sanye da baƙaƙen kaya. Malafar Mukoma na rataye a jikin ƙusa. Ta ba ni ruwa, na tafa na karɓa, na kasa sha. Ita ta ba ni labarin, tana surfen ba ta tsaya ba.

Da safen Asabar dattawa shida suka fita da fartanyu kamar masu zuwa gona, ita tana biye, suka hau dutse. Shugaban samarin ya saurare su da ladabi, har ya ba su wurin zama. Huɗu suka rantse sun ga Manzuma da karyayyen ƙahonsa. Biyun da suka zauna a baya suka ce gaskiya su wani jan abu suka gani, kafin su tantance ya ƙone. Ba ƙarya suka yi ba.

Sai shugaban ya tambaya wa ya fara cewa a dubi san. Suka ce ƙaninsa ne, mai majigi.

"Mai majigin gwamnati? Wanda ya ce a Chidembo a riƙe fuskarsa?"

Suka ce shi.

"Ranar Talata bakin gwamnati ya ce ya sayar da mu. Ranar Alhamis ya sake faɗa. Ranar Juma'a da aka ji yana hannunmu, sai bakin gwamnati ya ce bai sayar ba, har aka tsayar da inji dominsa. Iyayena, kun taɓa ganin an tsayar da majigi saboda wani talaka?"

Suka ce ba su taɓa gani ba.

"To mu bar abin da aka ce, mu koma abin da kuka gani. Kun ga ya nuna dutsen nan?"

Sun gani.

"Kun ga ya karɓi ambulan ya tafa?"

Sun gani, su shida ɗin.

Maiguru ta ce ta faɗi ƙasa tana cewa takardar noma ce, tana nan a cikin akwati, a bar ta ta ɗauko. Sai wani daga cikin samarin, ɗan yankin nan ne, ya taso yana kallon majigina tun yana aji uku, ya ce, "Mama, ki yi haƙuri. Mutum na iya ƙarya." Bai ƙarasa ba. Ta ce ba sai ya ƙarasa ba, kowa a wurin ya san sauran, har ta ga leɓen wani dattijo na motsi.

Malafar kawai aka aiko mata bayan kwana biyu. Har yau ba mu san inda aka sa shi ba.

Na zauna a Gombwe ina noma gonarsa, ni da ban iya riƙe garma ba. Maiguru ba ta taɓa zagina ba, ba ta kuma sake yi min wasa ba. Da ta zage ni da na fi samun sauƙi.

Bayan an samu 'yanci sababbin shugabanni suka gaji motocin majigi, suka sake musu fenti, suka shiga neman masu baki. Wani ya tuna an taɓa ɗaure ni, sai ga shi na zama ɗan gwagwarmaya, haƙorana biyu suka zama takardar shaida. Na karɓi aikin, 'ya'yan Mukoma huɗu na buƙatar makaranta. Sai dai na daina ƙari, kuma ban sake karanta takarda ba sai na ga fim ɗin da idona tukuna. Shi ya sa na riga kowa ganinsa. A cikin labaran wani mako na 1981, an nuna yadda manoma suka tallafa wa mayaƙan 'yanci. Akwatunan nan na birni suna nan, masu haɗa fim ne kawai suka sauya. Ga Mukoma da malafarsa yana nuna dutse. Takardar ta ce: wani jarumin manomi yana nuna wa 'ya'yanmu hanyar tsira daga abokan gaba.

Na yi niyyar tsallake wannan labarin in mun je Gombwe, amma magana ta sake riga ni isa. Na tarar da Maiguru a bakin filin makaranta tun ba a kafa ƙyalle ba, ta yi wanka ta ɗaura sabon ɗankwali, tana riƙe da hannun autarsu Hazvinei, wadda aka tafi da ubanta tana goye. Ba mu da hotonsa ko ɗaya a gida.

"An ce yana ciki," in ji ta.

"Yana ciki, Maiguru. Wannan karon sun ce jarumi ne."

"Ban tambaye ka abin da suka ce ba. Ka nuna mana shi. Amma in ya fito, Babamudiki, ka rufe bakinka."

Da magariba aka fara, a fili, tunda ba sauran dokar hana fita. Na karanta labarin sabon asibiti, na karanta na rabon iri. Da malafar ta fito na kashe makirfo na ajiye shi a kan akwati. Sabon mai kula da mu ya yi ta yi min alama da hannu, na yi kamar ban gani ba. Ba a jin komai sai ƙarar injin. Mukoma ya ɗaga hannu, Manzuma ya leƙo ta bayansa ya wuce.

Muryar Hazvinei ta fito sarai, kowa ya ji. "Mama, me Baba yake nunawa?"

Mutane da yawa suka juyo suna kallona, sun saba ni ke faɗa. Na sunkuyar da kai.

"Kunyoyinsa," in ji Maiguru. "Shi kaɗai ya tada su, wata biyu yana yi."